Kunun Kanwa a Gindin Gwanda

A unguwarmu a Gwaram, in mace ta haihu, kafin a aika wa dangin miji ni ake fara aika wa. Ni ba ungozoma ba ce, ban taɓa yanke cibiya ba. Wanka nake yi wa masu jego, ni ce kuma mai dama musu kunun kanwa. Na yi wa mata wanka, na zo na yi wa 'ya'yan da suka haifa, kuma ba wadda ta taɓa fita daga hannuna da sanyi a jiki. Ruwana ba a sirka shi. Yadda ya sauko daga murhu haka nake tsoma ganyen darbejiya in fyaɗa, mace ta yi ta salati, ranar da ta yi arba'in ta fito fes.

Da jikata ta zo wankan haihuwar fari a ɗakina sai na ce to, yau kan nawa aikin ya zo. Ni na riƙe ta tun tana 'yar yaye, lokacin da uwarta ta rasu. Inna take ce mini, in tsokana ta motsa ta ce tsohuwa, ni kuwa ƙawata nake kiranta. Ta gama sakandare aka yi mata aure a Wurno, da wani yaro mai hankali, mai gyaran injin ban-ruwa. A jarrabawarta ta ci komai sai abu biyu, kemistiri da bayoloji, su kuwa su ne ƙofar makarantar koyon aikin jinya da take buri tun tana ɗaure wa kaji ƙafa da tsumma. Ta sake gwadawa sau ɗaya ba ta samu ba. Mijin ya sake sa sunanta a jarrabawar da ake yi wa waɗanda suka riga suka bar makaranta, a Birnin Kudu, uwarsa kuma ta faɗa a gaban kowa cewa wannan ne na ƙarshe, in an haihu sai raino. Lissafinsu shi ne za ta rubuta da tsohon ciki, ta haihu daga baya. Yaron ya ƙi jira, ya taho da wuri. Sai jarrabawar ta faɗo a tsakiyar kwanakin wanka.

Ranar suna, bayan mutane sun ragu, mijin ya zo ƙofar ɗakina ya durƙusa.

"Inna, dama maganar jarrabawar nan ce."

"Wace jarrabawa?"

"Tata, Inna. Na ce ko za a samu mota mai kyau..."

Na ce masa, "Ɗan nan, kai ka kawo itacen wanka, ka kawo ƙauri, Allah ya yi maka albarka, naka ya ƙare. Mai jego ba ta taka ƙofar gida sai ta yi arba'in. Da ɗanyen jiki za ta hau mota har Birnin Kudu, iska na shiga ta ko'ina? Ba a gidan nan ba."

Ya sunkuyar da kai ya ce, "Yadda kika ce, Inna."

Ita tana ciki, ta ji komai. Washegari da hantsi, bayan na yi mata wanka, sai na ga ta jawo jakarta ta fito da littattafai. Na ce a raina, bar ta, ya fi ta zauna tana kuka.

Karatun kuwa bai yi mata sauƙi ba. Wadda ta sha wankan ruwan zafi irin nawa jikinta mutuwa yake. Ta buɗe littafi, yaro na nono, kafin ta kai ƙasan shafi kai ya langwaɓe. In ta farka ta nemi inda ta tsaya ta rasa. Rannan na ga hawaye ya ɗiga a kan takarda, sai na ajiye tsintar shinkafar da nake yi.

"Ƙawata, mene ne a ciki da har zai sa mutum kuka? Faɗa mini da Hausa."

"Ke tsohuwa, ina ke ina kemistiri?"

"Ni da na riƙe tatsuniyoyin kakata kaf a kai, ban zubar da ko ɗaya ba? Faɗa mini, ni in riƙe miki. In kin manta ki zo ki karɓa."

Ta yi dariya har yaron ya saki nono. Daga ranar muka samu yadda za mu yi. Ta karanta da Turanci, ta juya mini da Hausa, ni in adana. Da la'asar, ina hura wutar ruwan wankan yamma tana zaune a kan turmi, sai in yi ta jefa mata tambaya.

Da narkewa muka fara. Ta ce in an zuba sukari a ruwa ya ɓace, bai tafi ko'ina ba, rarrabuwa ya yi ya shiga tsakanin ruwan. In aka yi ta ƙarawa, akwai inda ruwan zai ƙoshi, ya ƙi karɓa, sauran ya kwanta a ƙasan kofi. In aka ɗumama ruwan kuma sai cikinsa ya buɗe ya ƙara ci. Na ce wannan ai kowace mai shayi ta sani. Ta ce to, su kuma so suke ka faɗi nawa ne ya narke a cikin nawa, da lissafi. Nan na ce wannan ɓangaren ta riƙe kayanta.

Wanda ya fi shiga raina shi ne na gidaje biyu. Ita asid da bes take ce musu, ni na raɗa musu dangin tsami da dangin kanwa. Tsamiya, lemon tsami, nonon da ya kwana, har ruwan batirin mota, duk gida ɗaya ne, sai dai wani ya fi wani faɗa. Kanwa, ruwan toka, sabulu, farar ƙasar da ake shafa wa bango, su ma gidansu ɗaya, masu santsi a hannu da ɗaci a baki. Akwai ma'auni da suke hawa, daga sifiri zuwa goma sha huɗu, masu tsami a ƙasa, 'yan kanwa a sama, ruwa tsantsa yana zaune a bakwai ba ruwansa da kowa. In aka haɗa ɗan wannan gida da 'yar wancan daidai wa daida, faɗan kowa sai ya mutu, su haifi gishiri da ruwa.

"Kullum gishiri da ruwa?" na tambaye ta. "Ba sa taɓa haifar wani abu?"

"In kanwa ce har da iska, shi ya sa take kumfa. Amma gishirin da ruwan ba sa fashi."

Ta ce a makaranta sau ɗaya ta taɓa ganin an haɗa su, tana can baya, kawunan mutane sun tare. Sai ta roƙe ni in jiƙa mata zoɓo, in jiƙa kanwa daban in tace. Ta ɗauko sirinjin da ake ɗura wa yaro magani, ta cika da ruwan kanwa, ta riƙa ɗigawa cikin zoɓon tana juya kofin. Ja ne wur, ja ne, ja ne, sai can ya fara duhu, ya rikiɗe ya koma wani shuɗi-shuɗi mai kore. Ta matsa lemon tsami, jan ya dawo. Ta dube ni ido na ƙyalli kamar yarinya ta ga sabon wata. Ni na sha ganin miyar yakuwa ta sauya launi in na jefa kanwa, amma ban taɓa tsayawa na kalla ba, gaba nake yi da girkina. Ranar mun ɓata zoɓo mai yawa.

Bayoloji kuwa labarin wa ke cin wa ne. Ciyawa ta ci rana da ruwa, fara ta ci ciyawa, kwaɗo ya ci fara, maciji ya haɗiye kwaɗo, shaho ya sure maciji. Ta ce in aka cire ɗaya daga tsakiya, na ƙasa su yi yawa, na sama su rame. Na tuna shekarar da aka yi ta feshi a fadamar bayan gari, kukan kwaɗi ya ɗauke, sauro ya hana mu sakat.

"To shi shaho wa ke cinsa?"

"In ya mutu, gara da tsutsa da wasu ƙanana da ido ba ya gani. Su mai da shi ƙasa, ciyawa ta ci."

"Ashe dai kowa can zai je."

"Ban da ke, tsohuwa. Ke gara ma tsoronki take."

Na jefe ta da ludayi.

Duk wannan lokacin ina dama mata kunun kanwa safe da yamma, mai kauri, da jar kanwa wadda ni da kaina na zaɓo a kasuwa. Ta karɓa da hannu biyu ta ce, "Inna, bari in kai shi inuwa ya huce." Ta zagaya bayan ɗaki, an jima ta dawo da kwano wayam. Ni kuwa ina ta jin daɗi, har ina faɗa wa maƙwabta jikata ba ta da ƙyuyar shan kunu irin 'yan zamani.

A bayan ɗakin nan akwai wata 'yar gwanda da na shuka da damina, ta kai mini ƙirji, har ta soma fure. Sai na lura ganyenta na ƙasa ya yi rawaya. Na ƙara mata ruwa. Furen ya zube, kan ya sunkuya kamar marar lafiya. Wata safiya na tarar kaji sun tone gindinta, tururuwa ta yi baƙi, ƙasar wurin ta yi wani farin ɓawo. Na sa tsinke na tona. Kunu ne, wani a kan wani, an binne da ƙasa. Na dangwali farin na ɗanɗana. Kanwata ce.

Na daɗe a tsugune a wurin. A duk shekarun nan ba wadda ta taɓa zubar mini da kunu. Na tashi na same ta tana shanya tsummokin yaro, na kama hannunta na kai ta wurin, na nuna mata.

Ta durƙushe. "Inna, ki yafe mini."

"Daɗi ne babu?"

"Wallahi da daɗi. Ƙanshinsa ma yunwa yake sa ni."

"To?"

Sai ta faɗa mini. Tun tana zuwa awo aka ce jininta ya hau. Kumburin ƙafar nan da na ce alamar namiji ne, ashe shi ne. Ranar da za a sallame ta daga asibiti bayan ta haihu, malamar jinya ta ja mata kunne: ban da kanwa, a rage gishiri, kada ruwan wanka ya yi zafin da zai sa ta haki. Ta ce kanwa 'yar'uwar gishiri ce, tana riƙe ruwa a jiki, jini ya ƙara hawa, zuciya ta yi ta ɗaukar kayan da ya fi ƙarfinta.

"Ita kuma gwandata hawan jini gare ta?"

Ta yi dariya da hawaye a fuska. Ta ce ruwa kullum inda gishiri ya fi yawa yake bi. Muddin saiwa ta fi ƙasa gishiri, ita ke sha. In ƙasa ta fi ta, maimakon ta sha, ƙasar ce za ta tsotse ta. Ta ce, "Na sani, Inna, yana cikin abin da na karanta. Kullum in na zuba sai in ce gobe zan nemi wani wurin, in rasa."

"Me ya hana ki faɗa mini?"

"Ta yaya? Unguwar nan kaf da kunun nan aka san ki. In buɗe baki in ce ba zan sha ba, ni da kika goya?"

"To me kike ci da safe?"

Na dubi wuyanta, na ga ƙashi ya fito. Mai shayarwa, tana wuni daga ɗan tuwon rana sai romon ƙauri.

Ban ce kanwa ba ta da amfani ba, har gobe ban faɗa ba. Matan da na shayar suna nan da ƙafafunsu. Amma ina tsaye a gindin gwandar nan wani abu ya faɗo mini wanda ya fi kunun nauyi. Yarinyar da ta gwammace yunwa da ta ce mini a'a a kan kwanon kunu, yaya za ta iya ce mini za ta Birnin Kudu? Kullum tana karatu a gabana, ni ma ina taya ta, na jarrabawar da na riga na hana, kuma ko sau ɗaya ba ta sake tayar da maganar ba. Haka ranar za ta zo ta wuce, ta yi mini murmushi, ta mai da littattafan jaka.

Na ce, "Tashi, ƙasa da sanyi." Na je na dama mata kunun gyaɗa, ba ko ƙwayar kanwa, na tsaya a kanta ta shanye. Da yamma na ɗebo ruwan randa na sirka ruwan wanka da hannuna, abin da ban taɓa yi wa kowa ba. Muna gamawa na ce ta kira mini mijinta a waya.

Ban je tambayar malam ba, na san abin da zai ce, zaman arba'in al'ada ce ba farilla ba. Al'adar kuwa a unguwar nan a hannuna take. Aminiyata mai daddawa ce kaɗai ta iya tarata, ta shigo tana gyara mayafi.

"Na ji wani labari, na ce ƙarya ake miki."

"Ba ƙarya ba ne."

"Ke da kika hana 'yata zuwa bikin ƙanwarta, tana kuka kina ƙara wuta?"

"Na hana, yau ma in ta sake haihuwa zan hana. Ita wannan ba fita za ta yi daga wanka ba. Wankan ne zai bi ta."

Haka kuwa aka yi. Ana jibi a fara, mijin ya zo, muka hau bas da hantsi. Na sa mata safa biyu, na toshe mata kunne da auduga, na zaunar da ita a tsakiya nesa da taga. Tukunyar wankana aka ɗaure a saman mota, da damin ganyen darbejiya a ciki. Kwandasta ya dube ta ya dube ni.

"Hajiya, abincin biki za a dafa?"

"Kai za a dafa in ka bari ta faɗo."

Muka sauka a gidan goggon mijin a Birnin Kudu. Ta ba mu ɗaki da murhu, ba a fasa wanka ko na safiya ɗaya ba.

Ranar kemistiri na yi mata wanka tun da asuba, ta ba yaro nono har ya ƙoshi, ta sake ba shi a ƙofar makarantar da ake jarrabawar. Masu jarrabawar da yawa, har da masu gemu, har da wata da ta kusa haifar ta. Cikin masu tsaron akwai wata mata mai ƙaramin gicciye a wuya, Hausarta irin ta mutanen Filato. Ta ga jariri a hannuna, ta leƙa fuskarsa, ta sa aka kawo mini benci ƙarƙashin wata bishiyar mangwaro.

"Mama, in ya yi kukan da ya fi ƙarfinki ki ɗaga mini hannu, zan fito da ita ta ba shi. Amma fa agogo ba zai jira ta ba."

Na yi mata godiya. Ƙawata ta juyo daga bakin aji ta dube ni, na yi mata alama da haɓa ta shige.

Maigidan nawa, jaririn, ya yi barci har rana ta ɗaga. Sannan ya motsa, ya soma neman abinci a ƙirjin da ya daɗe da yin sallama da wannan aiki. Ya yi ƙananan kuka, ya ƙara, ya buɗe murya. Tagar ajin a buɗe take. Na san in kukan nan ya shiga kunnen uwarsa, ko auduga nawa na toshe, alƙalamin ba zai ƙara tafiya ba. Na tashi na saɓa shi, na yi nesa, na ratsa filin ƙwallo har can ƙarshen katanga inda awaki ke kiwo. Ga ruwa a jakata, amma ta riga ta sa na yi alkawari ba zan ba shi ruwa ba sai nono, kuma na riƙe. Na wanke ɗan ƙaramin yatsana na sa masa a baki, ya tsotsa ya gane yaudara ce, ya ƙara tsandara ihu. Na goya shi, na sauke, na rungume. Na yi masa duk waƙar raino da na sani, na ƙirƙiro waɗanda babu. Daga nesa ina hango matar nan ta fito baranda ta sa hannu a goshi tana dubana. Hannuna ya yi kamar zai ɗagu. Na danne shi a bayan yaron, na juya mata baya, na ci gaba da jijjiga.

Can kukan ya koma ajiyar zuciya, ya yi laushi a kafaɗata, jiƙe da gumi. Ban yarda na zauna ba, ina tsoron ya farka. A tsaye nake har na ji hayaniya, mutane suna fitowa.

Ita ce kusan ta ƙarshe. Ta tsaya tana waige-waige, ta hango ni, ta taho da sauri, ni kuwa ina ɗaga mata murya kada ta yi gudu. Gaban hijabinta ya jiƙe sharkaf da nono. Ba ta nemi benci ba, nan ƙasa ta zauna, na yi maza na tura mata mayafina ta hau kai. Ta karɓe shi, ya kama da ƙarfi har ta runtse ido.

"Ya yi kuka, Inna?"

"Ɗan kaɗan."

Ta dubi fuskarsa da ta yi ja, ta dube ni, ba ta ƙara tambaya ba. Na buɗe filas na zuba mata kunun gyaɗa, na riƙe mata kofin a baki saboda hannayenta duka suna kan yaro.

"Akwai lissafi ɗaya da ya ƙi fita," ta ce. "Na bar shi na yi sauran, na dawo masa. Na rubuta har ƙarshe, Inna. Har aka ce a ajiye alƙalami ina rubutu."

Mijin ya iso da mai keke napep, yana tambaya yaya, yaya. Kafin ta ba shi amsa kanta ya kwanta a kafaɗata, yaron na tsotso, ita ta yi barci. Na ce ya je ya ba mai keken haƙuri ya jira, ko ya tafi a nemi wani. Na gyara zama na tallafe su su biyun.

Bayoloji ya zo bayan 'yan kwanaki, ranar yaron bai ko motsa ba. Muka koma Gwaram da tukunyarmu ta ƙarasa arba'in a ɗakina. Sakamako ya fito yaron ya fara zama, ta ci duka biyun, kemistirin da ƙyar. Yanzu tana makarantar koyon jinyar, shi kuwa yana nan wurina yana bin kaji da muciya, sai ranar Juma'a da yamma take zuwa ta karɓi abinta.